Famfon Ɗakin Baba

Famfon ya fara fito tun Auta ba ta kai kofin shayi bakinta ba. Ta dire kofin, ta zari sifana daga kan tebur, ta durƙusa a lungun da ke tsakanin banɗaki da ƙofar ɗakin Baba. Juyi ɗaya, juyi biyu, da ɗan rabi, fiton ya yanke. Ta ɗan dakata da kunnenta a jikin bututun, don famfon nan munafuki ne na bugawa a jarida, sai ya yi tsit har ka juya baya sannan ya dawo da halinsa. Kafin ta koma wurin shayin ya huce, ta shanye abinta haka nan.

A garin nan ta bututu lokaci yake zuwa, kamar ruwa. Can bayan gari akwai madatsa, wata ƙatuwar katangar siminti mai ƙofofi goma sha biyu, ita ke tare shi ta rarraba wa unguwanni daidai wa daida. Kowane gida da bututunsa, kowane ɗaki da famfonsa, kuma ba mai taɓa famfo sai da ƙwaƙƙwaran dalili. Babban dalilin shi ne abin da ake kira riƙo. Idan mutum ya kai gargara alhali wani nasa yana nesa, sai a ɗaure famfon ɗakin, lokaci ya koma ɗiga ɗis-ɗis a ciki, har na nesan ya iso a yi sallama. Kwana uku ake yi, in an matsa a yi mako guda.

Auta kuwa shekararta tara tana riƙo.

Akwai abin da duk wanda ya taɓa aiki a madatsa ya sani kamar sunansa: lokacin da ka tare ba ya ɓacewa, sai ya nemi inda zai bi. Shi ake ce wa rara. Dokar ofishin madatsa kuma a fili take, rarar gidanka ta tsaya a gidanka, ba ruwan maƙwabci. Gidansu Auta a hawa na uku yake, ɗakin Baba, ɗakinta, sai falo da ɗan kicin. Tunda aka ɗaure na Baba, rabonsa gaba ɗaya cikin sauran gidan yake kwarara. Idan titi ya yi kwana ɗaya, Auta ta yi biyu. Rana ta fito ta taga ta tsaya ƙiƙam kamar an kafe ta da ƙusa, Auta ta yi barci ta tashi ta tarar da ita nan ba ta faɗi ba. Tana da talatin da ɗaya ta ɗaure famfon. A takarda yanzu arba'in take, a jiki kuwa saura kaɗan ta cika hamsin, kai ya yi fari fat, gwiwa tana ƙara in za ta tashi. Amma har gobe Auta ake ce mata, suna ba ya tsufa.

Ba jahila ba ce, wannan shi ne abin haushin. Baba shekara talatin da biyar ya yi a ƙofa ta huɗu, shi ya shimfiɗa bututun gidan nan da hannunsa. Ita ma ta gaje shi, ta yi shekara shida a madatsar kafin ta ajiye. Ta san rara, ta san abin da take yi wa jiki. Da idonta biyu ta shiga.

Ranar da abin ya faru, likita ya ja ta gefe ya ce tsohon ba zai wuce kwata ba, minti goma sha biyar in an yi sa'a. Ta koma ciki, Baba ya buɗe ido ya ce, “Auta, ba ni ruwa.” Ta fito da gudu ta cika kofi. Tana juyowa waya ta yi ƙara. Yaya ne, babban wanta, wanda ya tafi wata ƙasa aiki tun tana makaranta. Kuka yake wiwi kamar ƙaramin yaro.

“Ki riƙe min shi, Auta. Don girman Allah ki riƙe min shi. Mako ɗaya kawai, ina nan tafe.”

Sai ta ajiye kofin ta ɗauki sifana. Ta ja ƙofar ɗakin ta rufe, ta ɗaure famfon tamau, har minti ɗaya na ciki ya zama shekara guda a titi. A lokacin gani take duk daƙiƙar da ta ɓata ta Yaya ce, shi ya sa ba ta tsaya ba shi ruwan ba. Wannan abu kuwa shi ke ci mata rai fiye da komai, ya fi furfurar, ya fi gwiwar. Ubanta ƙishirwa yake ji. Kofin yana nan kan kanta kusa da ƙofar, kullum ta wanke shi ta sake cikawa, ba ta da halin miƙa masa. Idan ta shiga ba mai ɗaure famfo, kafin ta ɗaga ƙafa ta biyu ya kwance, riƙo ya ƙare ke nan.

Da farko famfon yakan yi awa shida bai yi fito ba. Takan sauka ta je kasuwa, ta zaga, ta dawo. Ƙarfe kuma ba ya jure matsi har abada. Zaren famfon ya cinye, awa shida ta koma uku, uku ta koma ɗaya, yanzu ko shagon kwanar layi in za ta je da gudu-gudu take zuwa, ta karɓi burodi da madara ba ta tsaya amsa gaisuwa ba. Mai shagon ya sa mata suna Sauri. Ta taɓa gwada zama a matakala don ta tsere wa rarar, sai dai daga can ba a jin fiton sai ya yi ƙarfi, idan kuwa ya yi ƙarfi an kusa makara. Ta haƙura ta koma ciki.

Mijinta direban bas ne, mutumin kirki, ba za a ci naman bawan Allah ba. Ya tattaro kayansa ya zauna da ita shekara guda. Wata rana yana aske gemu ya ga fari-fari a haɓarsa, ya ajiye rezar ya ce, “Ni fa ke na aura, ban auri famfo ba. Ki buɗe mu tafi, mu ma mu ga namu ɗan.” Ta ce ya ƙara haƙuri, Yaya na nan tafe. Ya yi haƙurin wata shida, sannan ya tafi. Ba ta taɓa zaginsa ba. Bara jinin wata ya ɗauke mata gaba ɗaya, ta zauna a banɗaki ta yi kuka mai isarta, fiton famfo ne ya tashe ta.

To me ya zaunar da ita? Mutum zai ce alkawarin Yaya, amma ai ko jaki ne ya gane Yaya tun shekara ta biyu. Hannun Baba ne ya zaunar da ita.

A jikin ƙofar ɗakin akwai ɗan gilashi kamar faɗin tafin hannu biyu. Ta nan ake hango shi cikin wani haske ja-ja, kwance, fuskarsa na kallon ƙofa, bakinsa a ɗan buɗe. In ka tsaya kana kallo ba za ka ga motsi ba, ƙiftawar idonsa ma kwana biyu take ɗauka. Amma a wata na biyu Auta ta lura hannunsa ya bar kan ƙirji. Sai ta samo biro ta riƙa ɗiga alama a gilashin duk bayan kwana uku, daidai inda hannun yake. Bayan wata guda ɗige-ɗigen suka haɗu suka yi baka. Hannu ne a dunƙule, babban yatsa a miƙe, yana juyawa zuwa dama.

Nan take ta gane. A madatsa ƙarar ƙofofi ba ta barin a ji magana, shi ya sa mutanen da suke da alamun hannu. A zamaninta an kawo na'urar magana ta oba-oba, ba a cika amfani da su ba, amma akwai allo a bangon ɗakin ma'aikata da aka zana su, kullum tana ganinsa in tana cin abinci. Dama, ɗaure. Hagu, buɗe. Baba ya ji ƙarar famfo, ya san abin da ta yi, yana ce mata ta ɗaure, ta riƙe, yana jiran ɗansa. Ranar ta yi kukan daɗi. Tun daga nan hannun yakan sauka ya huta watanni, ya sake tashi ya yi bakan nan, ita kuma ta sake ɗigawa. Duk ranar da zuciyarta ta ce ta jefar da sifana ta bi titi, sai ta je ta dubi gilashin. Tsoho mai ƙishirwa yana ta ƙarfin halin ɗaga hannu yana roƙonta, wace irin ɗiya ce za ta ƙi?

Yaya kuwa duk ƙarshen wata yake kira. A bakin ƙofar gida take amsawa, ƙafa ɗaya a waje, don in tana ciki muryarsa jan jiki take kamar rediyon da batirinsa ya mutu, shi kuma ya ce tana zuba kamar kanya ba ya gane komai.

“Ya jikin Baba?” in ji shi, kullum da haka yake farawa, sai ka ce akwai wani labari.

“Yana nan inda ka bar shi, Yaya.”

“Sannu da ƙoƙari, Auta. Allah ya saka. Bari yara su yi hutu.”

Yara sun yi hutu sun koma, sun yi sun koma, babbar har ta gama makaranta. Daga hutu sai takardun tafiya, daga takardu sai sabon shugaba a wurin aiki, daga nan sai ciwon bayan matarsa. Yaya bai taɓa rasa dalili ba, kuma kowane dalili da ƙamshin gaskiya a jikinsa.

Mutum ɗaya ne ke hawo benen nan saboda ita, shi ne Kurma, abokin aikin Baba a ƙofa ta huɗu. Ƙarar madatsa ta cinye masa kunne tun da daɗewa, shi ya sa idan zai ce sannu sai hawa na ɗaya sun ji. Duk wata yakan kawo mata sabuwar robar famfo a ɗan ƙunshin takarda, ya tsaya a matakala ya miƙo hannu. Bai taɓa tsallake bakin ƙofa ba.

“Kwanakina ba su da yawa, ba zan shigo in ci su biyu-biyu ba!” haka yake cewa. Wata rana kuma ya ƙara da cewa ba zai iya kallon abokinsa ta gilashi kamar kifi a kwalba ba, kuma wannan ita ce gaskiyar maganar.

Ranar da ya kawo robar wannan watan, da hantsi ne, ya ƙwanƙwasa ba a buɗe ba. Ya tura ƙofa ya leƙa. Auta na durƙushe a lungu, ta danne kan famfon da hannu biyu, gumi na ɗiga daga haɓarta, sifana can gefe. Zaren ya zame gaba ɗaya, in ta saki hannu ɗaya don ta ɗauki sifana, shi ke nan. Ta ɗago ta dube shi, bakinta ya ce, “Kawu, taimaka.”

Kurma ya dubi bakin ƙofar, ya yi tsaki, ya cire takalmi ya shigo. Tsufa bai ci hannunsa ba. Ya cusa robar, ya naɗa wayar ƙarfe, ya ɗaure, ya ɗora tafin hannu a bututun yana jin rawarsa tunda kunne babu. Da ya gamsu sai ya dafa bango ya miƙe, kuma miƙewar ce ta kai fuskarsa daidai gilashin. Ya so ya kau da kai, bai iya ba.

Ya daɗe a tsaye. Auta ta ga kafaɗarsa ta sauka. Can sai ya sa yatsa a kan ɗige-ɗigen biro, baka kan baka, sun yi baƙi don yawa.

“Wannan fa?”

Ta matso inda zai ga bakinta. “Hannunsa ne, Kawu. Yana ce min in ɗaure.” Ta dunƙule hannu ta juya dama ta nuna masa, har da ɗan murmushinta na alfahari.

“Sau nawa ya yi?”

“Ashirin da bakwai.”

“Inna lillahi!” Kurma ya dafe kai. “Ke, wa ya koya miki alama?”

“A allon bango na gani.”

“Allon bango! Allon bango na banza da wofi!” Ya kama kafaɗarta ya juya ta, ya tsaya a gabanta ya ba ta baya, ya ɗaga dunƙulallen hannu. “A madatsa haka mai ba da alama yake tsayawa, fuskarsa na kan ƙofa, ke kina bayansa. Haka aka zana a allon. Dubi, ina na juya?”

“Hagu.”

Ya juyo ya fuskance ta, ya sake yin daidai abin da ya yi. “Yanzu fa?”

Hannun Kurma ya bi ta damarta, ya yi bakan nan da ta shekara tara tana ɗigawa.

“Hagunsa ake dubawa, 'yar nan, ba hagunki ba! Ubanki kallonki yake yi. Buɗe yake cewa. Tun minti na farko buɗe yake cewa!”

Auta ta sulale ta zauna a ƙasa. Ba ta yi kuka ba, kukan ma ya rasa ta inda zai fito. Abin da ke kai-kawo a kanta ɗaya ne: shi ya shimfiɗa bututun gidan nan, ya san sarai inda rarar ɗakinsa take zuba. Kunya ta kama ta, da baƙin ciki, da wani irin fushi da ba ta san wa za ta ɗora wa ba. Kurma ya zauna kusa da ita yana huci, ya manta da kwanakinsa da ake ci biyu-biyu.

Da ta samu ƙarfin tashi, ta ɗauki waya ta fita bakin ƙofa. Wannan karon ita ta kira.

“Yaya, yau zan buɗe.”

“Haba Auta. Wata uku kawai. Wallahi wannan karon na riga na yi magana da su a ofis.”

“Yau, Yaya. In kana so, kar ka kashe wayar, in shiga da ita in kara masa a kunne.”

Ta ji yana numfashi. Ta ji wata ƙofa ta rufu a can, kamar ya shiga wani ɗaki don kada a ji shi. Da ya sake magana muryar ba ta babban wa ba ce.

“Ba zan iya ba. Auta, ba ki gane ba ne? Ranar da na zo, ranar zai mutu. Sau uku ina sayen tikiti ina mayarwa. Muddin ɗakin nan yana rufe ina da uba.”

Da a ce shekara biyar baya ya faɗi haka, da ta tausaya masa, don ta san gaskiya ya faɗa. Yanzu ma ta ɗan ji tausayin, amma bai kai ko'ina ba.

“Kai kana da uba,” ta ce. “Ni kuma ba ni da miji, ba ni da ɗa, ba ni da baƙin gashi ko ɗaya. Shi kuma ruwa ya ce in ba shi.”

Ba ta kashe ba, ta sa wayar a aljihu. Ko ya tsaya ko bai tsaya ba, ruwansa.

Ba a buɗe famfon riƙo gaba ɗaya, sai bututu ya fashe. Kwatan juyi ake yi ana jira. Kurma ya dafa bututun, in rawar ta lafa ya gyaɗa kai, Auta ta juya sifana hagu. Hannunta da ya saba dama sai gardama yake mata. A juyi na uku hasken gilashin ya tashi daga ja ya koma ruwan ɗorawa. A na shida ta ji ƙarar motoci a titi ta sauya, ta yi kaifi, ta dawo irin wadda ta sani tana yarinya. A na tara famfon ya yi wata doguwar ajiyar zuciya ya yi shiru, shirun da ba na munafunci ba. Daga cikin ɗaki sai aka ji tari.

Ta ɗauki kofin ta tura ƙofa.

Ɗakin yana nan da warin maganin ranar. Rigar da ta cire masa da safiyar ranar tana kan kujera, ko ƙura babu. Hannun Baba yana sama, a dunƙule. Da ya ga ƙofa ta buɗe sai ya sake shi ya faɗi a kan katifa.

Ta tallafo kansa ta kara masa kofin. Ya sha, ya sha, ruwa na bin gefen bakinsa, ya shanye tas. Ya lumshe ido ya yi hamdala. Sannan ya buɗe ya dube ta da kyau, tun daga kai har hannun da ke riƙe da kofin.

“Nawa?” in ji shi.

“Tara, Baba.”

“Na titi ke nan. A jikinki nake tambaya.”

“Goma sha takwas.”

Ya rufe ido, hawaye ya gangaro ya shige kunnensa. “Ina gani fa,” ya ce, muryar can ƙasa. “Taga tana ta walƙiya kamar ana wasa da makunnin fitila. Ga inuwarki a gilashi. Ina kallon kanki yana yin fari, Auta, ina kallo. Na ɗaga hannu har ya gaji.”

“Na ɗauka cewa kake in ɗaure.”

Ya buɗe ido ya dube ta, ya dubi Kurma da ke tsaye a bakin ƙofa da hula a hannu. Baba ya lalubo hannunta, ya dunƙule mata yatsu da nasa, ya miƙar da babban, ya juya shi hagu a hankali, kamar yadda ake koya wa yaro riƙon cokali.

“Ni ne ban koya miki ba. Shekara shida muna tafiya aiki tare.” Ya ja numfashi. “Mijinki fa?”

Ta girgiza kai.

“Ba ko ɗa ɗaya?”

Ta sake girgizawa. Nan ne kukan ya samu hanya, ta kifa kai a gefen gadon, shi kuma ya ɗora hannu a kan furfurarta yana shafawa.

“Wancan yayan naki bai zo ba ko?”

“Bai zo ba.”

“Da kin leƙo kin tambaye ni ai da na gaya miki. Tun yana ƙarami ko kaza aka yanka gudu yake.” Har ya so ya yi dariya, tari ya hana shi. Auta ta tuna da wayar, ta ciro ta duba. Yaya bai kashe ba. Ta kara wa Baba a kunne. Ba ta ji abin da aka ce daga can ba, in ma an ce wani abu. Baba dai ya saurara kaɗan ya ce, “Na ji. Na yafe maka. Ita kuma ba ni zan yafe a madadinta ba, wannan tsakaninku ne.” Ya ture wayar da bayan hannu.

A lissafin likita minti shida suka rage, amma likita ma mutum ne, sai da Baba ya yi kusan rabin awa. Ya ce a buɗe taga, aka buɗe. Ya sake neman ruwa, ta kawo nan da nan, da gudu ma. Ya yi wa Kurma tsiyar ya tsufa, Kurma bai ji ba ya ce amin. Daga nan ya yi shiru, hannunsa cikin nata, har numfashin ya tafi bai dawo ba.

Kurma ya rufe masa ido ya ja zane. Ya ce shi zai zauna da abokinsa, ita ta sauka ta sanar da mutane.

Ta sauka hawa uku a hankali. Ta gaya wa maƙwabtan ƙasa, ta fita titi za ta gaya wa mai shago. Da ta kai kwanar layi sai ƙafarta ta tsaya da kanta, ta juya za ta koma, kunnenta na neman fito. Sai a nan ta lura sifanar tana hannunta, ta riƙe ta gam har yatsunta sun sage. Mai shago ya leƙo ya ce, “Sauri, lafiya? Yau kuma tsayuwa ake?” Ta gaya masa. Ya yi mata ta'aziyya, ya jawo benci ya ce ta zauna, ta zauna, abin da ba ta taɓa yi ba.

Mata suka fara taruwa, ana riƙe mata hannu ana sannu. Wata yarinya mai goyo ta durƙusa ta ce, “Sannu Mama, mijinki ne ya rasu?” Auta ta buɗe baki za ta gyara mata, sai ta fasa. Idonta na kan inuwar benen da ke tsallaken titi. Ɗazu-ɗazun nan da ta zauna inuwar tana bakin kwalbati, yanzu har ta taɓo ƙafar bencin. A gidanta rana ba ta taɓa yin wannan gudun ba.

“Kai,” ta ce, ba da kowa take ba. “Har yamma ta yi?”